Na gwada manhajar fassarar mafarki da mafarkin ɗan Kweka da ya yafe mini

Wata uku ke nan da na sauke wata manhajar fassarar mafarki a wayata, kuma abin da ya kai ni gare ta mafarki ne guda ɗaya wanda ya ƙi barin zuciyata. Irin waɗannan manhajoji suna da yawa, tsarinsu kuma kusan ɗaya ne, saboda haka abin da zan faɗa game da wadda na gwada zai iya amfanar duk mai niyyar kashe kuɗinsa a kan ire-irenta. Sassanta huɗu ne, kuma duk na shiga na gani: akwai wurin rubuta mafarki da adana shi, akwai ƙamus na alamomi wanda kyauta ne, akwai doguwar fassara da na'ura ke haɗawa ga wanda ya biya kuɗin wata, sannan akwai hira ta rabin awa da mai fassara ɗan Adam, wadda ita ma biyanta daban ne.

Ga mafarkin. Na ga kaina a cikin wani ɗaki mai faɗi, babu hoto a bango, babu mumbari, sai dogayen bencina da aka jera suna fuskantar juna, maza da mata suna zaune shiru babu mai cewa uffan. Na raɓe a gefe ina jin nauyi a ƙirjina kamar wanda ya shigo taro da kayan wani a aljihunsa. Can sai wani dattijo mai baƙar hula mai faɗin baki ya taso, ya miƙo mini hannu, ya ce, "Aboki, an yafe maka." Babu wanda ya gaya mini ko shi wane ne, amma a cikin mafarkin na san ɗan Kweka ne (Quaker da Turanci, mabiyin wata ƙungiyar Kiristoci da ta fito daga Ingila), kamar yadda mai barci kan san abubuwa ba tare da hujja ba. Na farka da wani sanyi a rai wanda bai daɗe ba, domin nan take tambaya ta biyo baya: wane laifi aka yafe mini, kuma shi wane ne da zai yafe?

Zan fara da abin da manhajar ta iya, domin ta iya shi sosai. Wurin rubuta mafarkin an tsara shi da sanin halin wanda ya farka cikin dare: fuskar wayar tana yin duhu don kada haske ya kori sauran barci, kuma mutum na iya yin magana kawai ta naɗi muryarsa. Bayan an gama sai ta yi 'yan tambayoyi gajeru, wato su wa ka gani, me ka ji a ranka, da me ya faru da kai jiya da shekaranjiya. Wannan yana da amfani na gaske, domin mafarki abu ne mai saurin zubewa daga ƙwaƙwalwa. Tun shekarar 1953, lokacin da Eugene Aserinsky da Nathaniel Kleitman na Jami'ar Chicago suka bayyana matakin barcin da idanu ke motsi da sauri a ƙarƙashin fatarsu, aka fahimci cewa mafi yawan mafarkai masu tsari da launi a wannan matakin suke zuwa, cewa yana dawowa kusan kowane minti 90, kuma yana ƙara tsawo idan gari ya kusa wayewa. Wanda bai kama mafarkinsa a mintunan farko na farkawa ba, sau da yawa sai dai ya riƙe ƙurarsa. Da ba don wannan sashe ba, da na manta cewa dattijon hannu ya miƙo mini.

Matsala ta fara ne daga ƙamus. Na nemi kalmar Kweka, sai ya ce ganin ɗan Kweka a mafarki alama ce ta samun abokai masu amana da ciniki na gaskiya. Na nemi yafiya, sai ya ce alama ce ta sauke nauyi da buɗe sabon babi. Fassarar farko ba sabuwa ba ce, domin kusan haka take a wani tsohon ƙamus na mafarki da aka buga a Amurka a 1901, wanda masu irin waɗannan manhajoji suke kwasa daga cikinsa tunda babu mai tambayarsu haƙƙin mallaka. Kuma ba daga sama ta faɗo ba: 'yan Kweka sun yi suna a Ingila da riƙon amana a kasuwanci, suna cikin waɗanda suka yaɗa ɗabi'ar sanya farashi ɗaya ba tare da tayi ba, kuma daga iyalansu ne bankunan Barclays da Lloyds da kamfanonin Cadbury da Rowntree suka samo asali. Abin lura shi ne, wannan fassara hoton ɗan Kweka ce a idon Ba'amurken da ya rayu fiye da shekara 120 da suka wuce, wanda wataƙila maƙwabcinsa ma ɗan Kweka ne. Babu dalilin da zai sa ta dace da kowane mai barci a kowace ƙasa a yau.

Na ɗauka doguwar fassarar da ake biya za ta cike wannan giɓi, sai na tarar gamin gambiza ce. Na'urar ta ɗauko waɗancan ma'anoni biyu ta liƙa su, ta yi musu ado da kalmomi masu daɗi har kusan shafi biyu, ta ce ruhina ya kai matakin da ya saki abin da ya wuce, kuma wani jagora mai tsarki ya zo ya wanke ni. Daga nan ta shiga kurakurai waɗanda ba na ra'ayi ba ne, na sani ne. Ta kira dattijon limami mai ikon gafarta zunubi. Ta ce 'yan Kweka mutane ne masu gudun zamani, masu tafiya a keken doki ba sa amfani da lantarki, kuma ta kawo misalin yadda suka yafe wa wanda ya harbe yaransu a makaranta. Wannan labari gaskiya ne, amma ba nasu ba ne. A ranar 2 ga Oktoba 2006 wani mutum ya kashe 'yan mata biyar a wata makaranta a ƙauyen Nickel Mines da ke jihar Pensilbaniya, kuma al'ummar da ta girgiza duniya da yafiyarta a lokacin ita ce ta Amish, wadda ta samo asali daga ɓangaren Jakob Ammann a 1693 cikin masu jin Jamusanci na Suwizalan da kewaye. Abin da ya haɗa su da 'yan Kweka shi ne jiha ɗaya, ƙin yaƙi, da faffaɗar hula a tsofaffin hotuna. Wanda ya cakuɗa su bai san ko ɗayansu ba.

Tunda dukkan fassarar ta rataya ne a kan wane ne ɗan Kweka, dole in ɗan tsaya a nan. Sunan da suke kiran kansu shi ne Ƙungiyar Addini ta Abokai, kuma junansu suna ce wa juna Abokai, abin da ya sa kalmar da dattijon ya kira ni da ita ta dace. Ƙungiya ce da ta fito daga cikin Kiristancin Ingila a tsakiyar ƙarni na 17, a hannun George Fox wanda aka haifa a 1624 ya rasu a 1691. A 1650 aka gurfanar da shi a garin Derby bisa zargin saɓo, kuma bisa abin da shi kansa ya rubuta, alƙali Gervase Bennet ne ya fara yi musu laƙabin da ke nufin masu makyarkyata, domin Fox ya ce wa masu shari'ar su yi rawar jiki a gaban maganar Ubangiji. Ba'a ce aka yi musu, sai sunan ya bi su. Jigon koyarwarsu shi ne cewa kowane mutum yana iya jin shiriyar Allah a cikin zuciyarsa kai tsaye, ba sai ta hannun wani limami ba. Daga nan ne sauran halayensu suka tsiro: ba sa cire hula don girmama mai mulki, ba sa rantsuwa ko a kotu domin a ganinsu maganar mutum ɗaya ce ko da rantsuwa ko babu, kuma sun sanar da Sarki Charles na Biyu tun farkon mulkinsa cewa ba za su ɗauki makami ba. Sun sha wuya a kan haka, dubbai sun shiga kurkuku, kuma a 1660 aka rataye Mary Dyer a Boston saboda ta ƙi daina komawa garin da aka kore ta. Ibadarsu ta asali zaman shiru ne na kusan awa guda, babu mai jagoranci, sai wanda ya ji an motsa zuciyarsa ya tashi ya yi magana ya zauna, kuma alamar an tashi ita ce dattawa biyu su yi musafaha.

Wanda ya san wannan zai ga girman kuskuren manhajar. A tsarin 'yan Kweka babu zuwa wurin limami a furta zunubi a asirce shi kuma ya ce an kankare, domin ƙin wannan matsayi na tsani tsakanin bawa da Ubangiji yana cikin dalilan kafuwarsu. Dattijon da na gani, in har ɗan Kweka ne, shi ne mutum na ƙarshe da zai ɗora wa kansa ikon wanke ni. Abin da tarihinsu ya nuna game da laifi da yafiya ya fi haka tsauri, kuma a ganina ya fi shi ban sha'awa. A ƙarni na 18 da na 19, idan ɗan ƙungiya ya yi abin da ya saɓa, kamar shaye-shaye ko ɗaukar makami ko cin bashi ya ƙi biya, sai taron da suke yi duk wata ya tura masa mutane su zauna da shi su yi masa nasiha, wani lokaci watanni ana yi. Idan ya ƙi gyarawa sai a rubuta cewa ba ya cikinsu, duk da cewa ba a hana shi zuwa ya zauna a ibada. Idan kuma ya so dawowa, sai ya rubuta takardar amsa laifi a karanta a gaban taro, a ga alamar gyara a aikinsa. A kan bashi musamman ba su da sassauci: wanda ya karye, ko da doka ta sallame shi, ana sa ran ya biya masu binsa gaba ɗaya duk ranar da ya samu hali.

Akwai misalin John Woolman, tela ɗan Kweka daga New Jersey wanda ya rayu daga 1720 zuwa 1772, kuma mutum ne da ya riƙa rubuta mafarkansa a littafin tarihin rayuwarsa yana auna halinsa da su. Yana saurayi maigidansa ya sa shi rubuta takardar sayar da wata baiwa, ya rubuta, abin ya tsaya masa a rai, daga baya ya riƙa ƙin rubuta wasiyyar da za a gadar da bayi a cikinta. Ya kuma taɓa shiga cikin sayar da aikin wani yaro baƙar fata har zuwa lokacin da zai cika shekara 30, kuma da nadama ta kama shi bayan shekaru bai tsaya ga baƙin ciki ba, sai da ya ɗauki alkawarin biya daga dukiyarsa domin a rage wa yaron shekarun. Shekara huɗu bayan rasuwarsa, a 1776, babban taron shekara na Filadelfiya ya haramta wa 'yan ƙungiya mallakar bayi. Duk wannan yana nan a rubuce ga mai nema, kuma manhajar da ke karɓar kuɗi don ta fassara mafarkin yafiyar ɗan Kweka ba ta san komai a kai ba.

Ko siffar dattijon ma abin tambaya ce da na'urar ta tsallake. 'Yan Kweka na yau ba sa yawo da irin wannan hula, kuma ƙasar da ta fi kowace yawansu a duniya ita ce Kenya, inda 'yan mishan uku daga Amurka suka kafa sansani a Kaimosi a 1902, kuma a can ibadarsu da fasto da waƙa ake yin ta. To daga ina na samo baƙar hula da farin gashi? Amsar ta ɗan ba ni kunya: fuskar da ke jikin gwangwanin Quaker Oats ce, tambarin da aka yi wa rajista a Amurka tun 1877 don a ari sunan gaskiya da amana na waɗannan mutane, alhali kamfanin ba na ƙungiyarsu ba ne. Ɗakin da bencinan kuma na same su ne daga wani shirin tarihi kan yaƙi da cinikin bayi da na kalla kwana biyu kafin mafarkin. Na rubuta wannan a wurin tambayar abin da ya faru shekaranjiya, amma fassarar ba ta ko waiwaye shi ba, abin da ya nuna mini cewa sashen da ke tambaya da sashen da ke amsawa ba sa ga-maciji.

Abin da ya fi ɓata mini rai yana wani maɓalli mai suna fassarar addini, inda mutum zai zaɓi al'adar da yake so a fassara masa da ita. Na zaɓi ta Musulunci, sai ta fito da sakin layi guda ta jingina shi ga Ibn Sirin, wai ya ce ganin ɗan Kweka yana yafe wa mutum bushara ce ta karɓar tuba. Muhammad ibn Sirin ya rasu a Basra a shekara ta 110 bayan Hijira, wato kusan shekara 900 kafin a haifi George Fox. Sanya magana a bakin malami a kan mutanen da ba a yi su ba a zamaninsa ƙarya ce tsagwaronta, kuma haɗarinta ya fi na sauran kurakuran, domin mai karatu zai iya ɗaukar ta a matsayin hujja ya kwantar da hankalinsa a kan haƙƙin da bai sauke ba. Da ma abin da ya inganta ta kawo, wato cewa mafarki iri uku ne, akwai na bushara daga Allah, akwai na tsoratarwa daga Shaiɗan, akwai kuma wanda zancen zuci ne kawai, da ta taimake ni fiye da haka, domin nawa ya fi kama da na ukun.

Saura kaɗan in haƙura da hirar da ake yi da mutum, amma tunda na riga na biya sai na shiga, kuma a nan ne kaɗai na ji kuɗina bai faɗa ruwa ba. Wata mata ce dattijuwa, wadda ta ce mini tun farko ba ta san gaibu ba kuma ba za ta gaya mini abin da zai faru gobe ba. Ta karanta abin da na rubuta, ta bar maganar hula da bencina, ta tsaya a kan jimla ɗaya. Ta ce, "Malam, ka ce ka ji kamar kana ɗauke da kayan wani a aljihunka. Kayan wa?" Na yi shiru na ɗan lokaci, ita ma ba ta cike shirun da surutu ba. Sai na gaya mata abin da ban rubuta ba: shekara shida da suka wuce wani abokina ya ranta mini kuɗi lokacin da nake cikin matsi, na biya rabi, sauran na yi ta ɗagawa har kunya ta sa na daina ɗaukar wayarsa, shi kuma ya daina kira. Ta tambaye ni ko abokin ya yi kama da dattijon, na ce ko kaɗan. Ta ce a nata ganin shi ya sa zuciyata ta ɗauko baƙo, mutumin da ba ya bina komai, wanda yafiyarsa ba ta buƙatar in haɗa ido da kowa.

Ban yarda da duk abin da ta faɗa ba. Ta so ta ja ni zuwa ra'ayin masanin halayyar ɗan Adam Carl Jung na cewa tsohon mai hikima siffa ce da ke zaune a can ƙasan zuciyar kowane ɗan Adam, ni kuwa gwangwani da shirin talabijin sun ishe ni bayani. Ita ma ba ta san tarihin 'yan Kweka ba, kuma ta amsa haka ba tare da kame-kame ba, abin da ya ɗaga darajarta a idona. Da na gaya mata yadda suke yi da mai bashi sai ta yi dariya, ta ce ashe na zaɓi alƙalin da ba zai sallame ni ba sai na biya. Rabin awar ta ƙare ana tsakiyar magana, manhajar ta yanke layin ba tare da gargaɗin ko minti ɗaya ba, sannan ta aiko da tayin in sayi ƙarin lokaci, wanda na ga rashin ladabi ne ga mai fassarar da ni kaina.

Akwai wasu ƙananan abubuwa da mai saye ya kamata ya sani. Kuɗin wata yana sabunta kansa idan ba a soke ba, kuma maɓallin sokewar yana ɓoye a ƙarƙashin shafuka uku. Sanarwa tana shigowa kowace safiya tana cewa mafarkina na jiya yana da saƙo na gaggawa, ko da ban rubuta komai ba. Mafi muhimmanci, mafarkan ana ajiye su ne a rumbun kamfanin ba a wayar mutum ba, kuma duk wanda ya san irin asirin da mutane ke zubawa idan suna ba da labarin mafarki, sunayen mata da na abokan gaba da laifuffukan da ba a gaya wa kowa ba, zai so ya karanta sharuɗɗan sirri kafin ya fara, ba bayan ya gama ba kamar yadda na yi.

Idan taurari biyar ne ma'auni, wurin rubuta mafarki ya ci huɗu, hirar da mutum ta ci huɗu duk da yanke layin, ƙamus ya ci biyu don nishaɗi kawai, doguwar fassarar na'ura kuwa ɗaya ma alfarma ce, kuma sashen da ke jingina wa malamai abin da ba su faɗa ba bai cancanci ko ɗaya ba. Na soke kuɗin wata na bar sashen kyauta, kuma har yanzu ina rubuta mafarkina a ciki, sai dai na daina sa sunayen mutane. Sauran kuɗin abokina na tura masa a makon da ya biyo bayan hirar, tare da saƙo mai tsawo wanda na goge na sake rubutawa sau huɗu. Ya amsa da cewa ya ga kuɗin, ya gode, kuma zai kira ni idan ya samu sarari. Makonni bakwai ke nan bai kira ba, dattijon mai hula ma bai sake zuwa ba.